Yadda Mai Rufe Kamfani Zai Karɓo Basussuka Kafin Lokaci Ya Ƙure Musu

Ranar da kotu ta naɗa ka ka naɗe tabarmar wani kamfani, ko masu hannun jari suka zauna suka ɗora maka aikin, hankalinka zai fara zuwa kan abin da ido ke gani: sito, motoci, injina, fili. Ni ma haka na fara. Daga baya na gane cewa injin zai iya jiran wata shida a ƙarƙashin tamfol, amma kuɗin da kamfanin ke bin mutane a waje ba ya jira. Kowane bashi yana da ranar da doka za ta rufe masa ƙofar kotu, kuma naɗin da aka yi maka bai mayar da lissafin baya ba ko da kwana ɗaya. Lauyoyi na kiran mai wannan aiki likwideta, ni zan riƙa cewa mai rufe kamfani. Bayanin nan a kan dokar Najeriya yake.

Abin da za ka tanada

Na farko, shaidar ikonka: kwafin umarnin kotu mai hatimi, ko ƙudurin masu hannun jari idan rufewar ta ganin dama ce. Ka yi kwafi da yawa, don kowane banki da kowane lauya sai ya nema. Tun da dokar kamfanoni ta CAMA ta 2020 ta fara aiki, ba kowa ke riƙe wannan muƙami ba. Sai mai digiri a lauya ko akanta ko makamancinsu, mai gogewar shekara 5, wanda hukumar rajistar kamfanoni ta CAC ta amince da shi.

Sai littafin bashi na kamfanin, takardun kuɗin kaya, webil ɗin da aka sa wa hannu lokacin sauke kaya, yarjejeniyoyi, cak ɗin da banki ya mayar, da bayanan asusun banki na aƙalla shekara 6 baya. Ka karɓi kwamfutar akanta da wayar ofis tun ranar farko, kafin wani ya ce ta faɗa ruwa. Ka nemi bayanin halin da kamfanin ke ciki, wanda doka ta wajabta wa daraktoci su bayar bisa rantsuwa.

Sannan littattafai uku su zauna a teburinka: CAMA 2020, ƙa'idojin kotu na rufe kamfanoni na 2001, da dokar wa'adin shigar da ƙara ta jihar da za ka yi shari'a. Ta ukun ita ce mutane ke mantawa. Ƙara da kalanda, takardar lissafi ta Excel, da lauya mai zuwa kotu da ƙafarsa, ba mai aiko yaro kullum ba.

Ɗan abin da ya kamata ka sani kafin ka fara

Wa'adin kai ƙara a Najeriya ba ɗaya ba ne, kowace jiha da dokarta. A Legas da Abuja, bashin ciniki na yau da kullum yana da shekara 6. A wasu jihohi, irin su Filato da Ribas, shekara 5 ne. Idan yarjejeniyar mai hatimi ce, Legas na ba da shekara 12. Lissafi yana farawa daga ranar da haƙƙin kai ƙara ya tabbata, wato ranar da ya kamata a biya amma ba a biya ba.

Idan wa'adin ya wuce, bashin yana nan a wuyan mai shi, sai dai kotu ba za ta tilasta masa ba muddin ya kafa hujja da ƙurewar lokaci.

Akwai ruɗanin da ya sha kayar da sababbin shiga. Za ka ji an ce "ai da an fara rufe kamfani lokaci ya tsaya." Wannan ƙa'ida ce da kotunan Ingila suka kafa tun ƙarni na 19, kuma ta shafi masu bin kamfanin bashi ne: wanda bashinsa ke da rai ranar da aka fara rufewa ba zai rasa haƙƙinsa don aikin ya ja lokaci ba. Ba ta shafi kuɗin da kamfanin ke bin wasu ba. A Indiya, dokar kamfanoninsu ta cire wa mai rufe kamfani lokacin da aka ɓata tsakanin fara shari'ar rufewa da ranar umarnin kotu, ta ƙara masa shekara 1. A nan gida kuma dokar hukumar inshorar ajiyar kuɗi a banki, wato NDIC, ta 2006, wadda aka maye gurbinta da sabuwa a 2023, ta ce dokokin wa'adi na jihohi ba sa aiki a kan bashin da bankin da ya durƙushe ke bi. Wannan gata ne na bankuna. Kai da aka ba ka kamfanin sayar da taki ko masaƙa, kada ka jingina da rangwamen da ba ka gan shi a rubuce da sunan irin aikinka ba.

Mataki na 1: Tattara sunan duk wanda ake bi, a makon farko

Kada ka tsaya kan jerin da daraktoci suka ba ka. Sukan manta da sunan suruki, da na abokin da suka yi makaranta tare, da nasu na kansu. Ka gwada jerinsu da littafin bashi, ka gwada littafin da bayanan banki. Duk kuɗin da ya fita ba tare da kaya ko aiki ya shigo a madadinsa ba, ka sa masa alamar tambaya: rancen ma'aikata, kuɗin kafin alƙalami da aka ba ɗan kwangila bai yi aikin ba, kuɗin ajiya a wurin mai gidan haya, rancen da darakta ya ɗauka "zai mayar".

Idan littattafan sun ɓace, ko dama ba a taɓa rubuta su da kyau ba, ka koma banki ka nemi cikakken bayanin asusu, ka nemi fayil ɗin masu binciken kuɗi na waje, sannan ka zauna da tsohon magatakardan sito da direbobi. Direba ya san ƙofar da ya sauke kaya ko da takarda ta ɓace.

Mataki na 2: Fitar wa kowane bashi ranar da lokacinsa zai ƙure

Nan ne aikin yake, kuma nan nake so ka fi daɗewa. A takardar lissafinka ka buɗe gurbi biyar ga kowane suna: adadin kuɗi, ranar da ya kamata a biya, ranar biya na ƙarshe, ranar takarda ta ƙarshe da ya amsa bashin a cikinta, da ranar ƙurewa.

Ga misali. An sauke wa wani dila kaya ranar 10 ga Maris 2020, da sharaɗin ya biya cikin kwana 30. Ranar biya ta kama 9 ga Afrilu 2020. Bai biya ba. An shigar da buƙatar rufe kamfanin a Nuwamba 2023, kotu ta ba da umarni a Oktoba 2024, takardunka suka kammala a Disamba 2024. A jihar da ke da shekara 6, kana da lokaci har farkon Afrilu 2026. A jihar da ke da shekara 5, wata huɗu kacal ya rage maka, kai kuwa ko maƙullin ofis ba ka gama karɓa ba. Wata goma sha ɗayan da aka yi ana ɗage zama a kotu duk sun shiga lissafi.

Yanzu a ce ka duba bayanan banki ka ga dilan ya turo wani ɓangare na kuɗin ranar 2 ga Yuni 2022. Wannan biyan ya sabunta lissafi, an koma ƙirgawa daga ranar. Shi ya sa nake bin bayanan banki layi-layi da rula. Tura kuɗi ɗaya da akanta bai shigar a littafi ba na iya ceto miliyoyi.

Wurin da ake yin kuskure:

Ƙirgawa daga ranar da kai ka rubuta wasiƙar neman biya. Idan yarjejeniya ta sa ranar biya, wasiƙarka ba ta canja komai. Sai a irin bashin da aka rubuta cewa ba a biyansa sai an nema, kamar wasu takardun tsayawa wani, shi ne ranar nema ke da tasiri, kuma ko shi ka bar lauya ya karanta kalmomin da idonsa.

Haɗa kaya goma da aka sauke a lokuta daban a matsayin bashi ɗaya. Kowace sauka na iya zama da ranarta. Ta farko na iya mutuwa ta ƙarshe na da sauran shekara biyu.

Rancen da ba a sa masa ranar biya ba. Ka ƙirga daga ranar da aka ba da kuɗin, shi ya fi aminci.

Idan kuma ba ka tabbatar da dokar jihar da za ta hau kan bashin ba, misali kamfanin na Jos, dilan na Legas, ka ɗauki mafi gajarta. Ni nakan ƙara rage wata uku a kan ranar da na samu, in rubuta ta da jan biro. Ita nake ɗauka ranar ƙarshe.

Mataki na 3: Jera su bisa kusancin ranar, ba bisa yawan kuɗi ba

Kashi uku nake yi. Waɗanda ya rage musu ƙasa da wata shida, waɗanda ke da sauran lokaci, da waɗanda a lissafi sun riga sun wuce. Zuciya za ta ja ka wurin mai miliyan ɗari, alhali shi yana da shekara uku a gaba, mai miliyan takwas kuwa saura mako bakwai.

Na taɓa yin wannan kuskuren a farkon aikina. Na shafe watanni ina zarya wurin wani babban ɗan kasuwa, ana ba ni shayi ana cewa in dawo bayan Salla. Kafin in waiwayo, ƙananan basussuka uku sun wuce lokaci. Da na tsaya gaban masu bin kamfanin bashi ina bayani, wani dattijo da kuɗin sallamarsa ya maƙale ya tambaye ni ranar da na fara ganin takardun. Ban ji daɗin amsar da na bayar ba. Ka kuma sani, mai rufe kamfanin da ya yi sakaci har dukiya ta salwanta ana iya tuhumarsa ya biya daga aljihunsa.

Mataki na 4: Nemi izinin shigar da ƙara tun kafin ka buƙace shi

Idan kotu ce ta ba da umarnin rufewa, sashe na 588 na CAMA 2020 ya ce sai da amincewar kotu ko ta kwamitin sa ido, wato wakilan masu bin kamfanin bashi da masu hannun jari da ke lura da aikinka, za ka shigar da ƙara da sunan kamfani. Neman wannan izini na cin makonni, wani lokaci ya haɗu da hutun kotu na shekara. Saboda haka da zarar jerinka ya kammala, ka nemi izini a dunƙule a kan duk basussukan kashi na farko da na biyu. In babu kwamitin sa ido, kotu kai tsaye. A rufewar ganin dama hannunka ya fi sakewa, amma duk da haka ka sanar da masu ruwa da tsaki a rubuce.

Ƙarar da sunan kamfani ake shigar da ita, a nuna cewa ana cikin rufe shi. Ba da sunanka ba.

Mataki na 5: Wasiƙar neman biya, da neman amsa a rubuce

Ka rubuta wa kowa: adadin kuɗi, asalinsa, asusun da za a biya, da wa'adin kwana 7 ko 14. Ka gaya masa a fili cewa daga yau biyan da ya yi wa tsohon manaja ko darakta ba biya ba ne. Ka aika ta hanyar da za ta bar shaida, a sa hannu a kan kwafinka.

Abin da kake farauta a nan, bayan kuɗin, shi ne amincewa a rubuce. Takardar da wanda ake bi ko wakilinsa ya sa wa hannu, yana cewa lallai ana bin sa, tana sabunta wa'adi kamar yadda biyan wani ɓangare ke yi. Nakan haɗa da 'yar takarda mai layi uku: "Na tabbatar kamfani kaza yana bi na naira kaza zuwa ranar kaza," sai wurin sa hannu da kwanan wata. Da yawa za su sa hannu idan ka ba su damar biya kaɗan-kaɗan.

Maganar baki ba ta wadatar ba. "Wallahi Alhaji ina sane, Allah ya hore za ka ji ni" magana ce mai daɗi, amma ba ta tsayar da lissafi. Saƙon WhatsApp ka adana shi, zai yi amfani a matsayin shaida idan ka cika sharaɗin sashe na 84 na dokar shaida ta 2011 game da abin da aka ciro daga na'ura, sai dai kada ka bar ran bashinka ya rataya a kansa. Nemi takarda da sa hannu. Wasiƙar da ya ce "ba na musun mun yi ciniki amma ba a bi na komai" kuwa musu ce, ba amincewa ba. Kuma ka samo amincewar tun lokaci bai ƙure ba.

Mataki na 6: Kada zaman sulhu ya cinye maka lokaci

A garuruwanmu da wuya ka kai mutum kotu ba a turo maka manya ba. Shugaban kasuwa zai kira, limami zai sa baki, wani zai ce ku bari a zauna bayan azumi. Ka girmama su, ka je zaman. Sau da yawa ma ta nan kuɗin ke fitowa, cikin sauƙi fiye da kotu. Amma Kotun Ƙoli ta yanke a shari'ar Eboigbe da NNPC a 1994 cewa tattaunawar sulhu ba ta dakatar da wa'adi. Wanda ya san wannan zai yi ta jan ka da alkawari har ranar ta wuce, sannan ya daina ɗaukar waya.

Abin da nake gaya wa masu shiga tsakani shi ne: "Ranka ya daɗe, kuɗin nan ba nawa ba ne balle in yi haƙuri, amanar ma'aikata ce da sauran masu bin bashi. Ko ya sa hannu a takarda yau, ko in shigar da ƙara mu ci gaba da sulhu tana gaban alƙali." Ban taɓa ganin dattijon da ya ƙi fahimtar wannan ba. Idan sulhun ya kai ga yafe wani ɓangare, shi ma sai da izinin kotu ko kwamiti.

Mataki na 7: Shigar da ƙara a kotun da ta dace

Abin da ke tsayar da lissafi shi ne ranar da aka shigar da takardun ƙara a rajistar kotu. Alƙali zai ɗauki ranar da ka ce haƙƙin ya tabbata, ya gwada da ranar shigarwa, kamar yadda Kotun Ƙoli ta bayyana a shari'ar Egbe da Adefarasin a 1987. Saboda haka lauyanka ya rubuta ranar biya na ƙarshe da ranar amincewa a cikin bayanin ƙara, kada ya bar su sai an tayar da magana.

Shari'ar rufe kamfani ta Babbar Kotun Tarayya ce, wannan ya sa wasu ke kai kowace ƙara can. Amma a shari'ar Onuorah da kamfanin matatar mai ta Kaduna a 2005, Kotun Ƙoli ta ce rikicin ciniki zalla ba hurumin kotun tarayya ba ne. Bashin kaya na yau da kullum galibi babbar kotun jiha ake kai shi, ƙanana kuma kotun majistare ko kotun ƙananan basussuka, irin wadda Legas da Kano suka kafa. Ku zauna da lauya ku tantance wannan kafin a biya kuɗin rajista. Gaskiya ne a shari'ar Sifax da Migfo a 2018 Kotun Ƙoli ta tausaya wa wanda ya ɓata shekaru a kotun da ba ta da hurumi, ba ta ƙirga masa lokacin ba. Amma wannan magani ne na bayan an ji ciwo.

Idan bashin adadi ne sananne kuma takardu sun cika, a bi gajeriyar hanyar da dokokin kotu suka tanada don ƙarar da ba ta da abin karewa. In akwai wanda ya tsaya wa mai bashin, a haɗa da shi. In hukumar gwamnati ce, a duba dokar da ta kafa ta, domin da yawa na buƙatar sanarwa kafin ƙara, wasu kuma wa'adinsu gajere ne ƙwarai. In shi ma wanda ake bi kamfani ne da kotu ta ba da umarnin rufe shi, ba ka kai shi ƙara sai da izini, ka miƙa shaidar bashinka ga mai rufe shi da wuri.

Kada ka kai maganar bashi wurin 'yan sanda. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum a kan saɓa yarjejeniyar ciniki, kuma watannin da za ka yi kana zarya ofishinsu suna cikin lissafi.

Mataki na 8: Waɗanda lokacinsu ya riga ya wuce

Kada ka yi saurin shafe su. Sake duba ko akwai biya ko wasiƙar da ta sabunta su. Duba ko an yi zamba ko an ɓoye gaskiya da gangan, musamman inda darakta ne ya ci kuɗin ya kuma riƙe littafin, domin a irin wannan lissafi ba ya farawa sai ranar da aka gano, ko ranar da ya kamata mai lura ya gano. Duba ko kamfanin na riƙe da jingina.

In duk babu, ka rubuta masa ka nema cikin mutunci, ba tare da barazanar kotu ba. Bashi hanji ne, yana cikin kowa, kuma mutane da yawa a nan ba sa son su mutu da shi ko da lauya ya ce musu sun tsira. Na ga wanda ya biya bashin shekara tara saboda zai tafi aikin Hajji. Abin da aka biya da son rai halal ne ka karɓa ka zuba a asusun rufewa. Wanda ya ƙi, ka kai rahotonsa ga kwamiti ko kotu tare da dalili, kada ka kashe kuɗin masu bin bashi a shari'ar da ka san za a kora.

Mataki na 9: Wasu ranakun da ake ƙirgawa ta baya

Waɗannan daban suke da wa'adin kai ƙara, amma a kalanda ɗaya nake rubuta su. CAMA 2020 ta ba ka dama ka nemi kotu ta warware fifikon da kamfani ya yi wa wani mai bin sa bashi a cikin wata 3 kafin durƙushewa, da kadarar da aka sayar a farashin banza a cikin shekara 2. Wanda ya bar hannun jarinsa shekara 1 ko fiye kafin a fara rufewa kuma ba a neman sa da cikon kuɗin hannun jari. Duk waɗannan daga ranar fara rufewa ake auna su, wato ranar da aka shigar da buƙata a kotu ko ranar da aka zartar da ƙuduri, ba ranar naɗinka ba.

Mataki na 10: Bayan hukunci, da kafin ka rufe fayil

Hukunci ma yana tsufa. A ƙa'idojin zartar da hukunci, shekara 6 kake da su ka sa a kama dukiyar wanda aka yanke wa, bayan haka sai ka nemi izinin kotu. Kada ka kai ko kusa da nan. A watan da aka yanke hukunci ka nemi umarnin riƙe kuɗinsa da ke banki, tun bai kwashe ba. Idan kuɗin na hannun jami'in gwamnati ne, sashe na 84 na dokar zartar da hukunci ya ce sai da amincewar Antoni Janar.

Kafin ka kira taron ƙarshe, bi jerinka suna bayan suna, kowanne ya zama an biya, ko an yi sulhu da izini, ko an sayar da bashin ga wani, ko an ajiye shi da dalili a rubuce. Da zarar an rushe kamfani babu sauran mai shigar da ƙara da sunansa. Idan wani bashi ya ɓullo daga baya, shekara 2 kawai doka ta bayar a roƙi kotu ta soke rushewar, kuma kuɗin wannan roƙon sau da yawa ya fi bashin da ake son a karɓo.